Ba Yawan Ƙabilu Ne Ya Raba Kaduna Ba

Duk lokacin da aka yi tashin hankali a jihar nan, ko a Kasuwan Magani, ko a Zonkwa, ko a cikin gari, akwai maganar da ba a rasa ji a majalisa bayan sallar isha'i. Wani zai girgiza kai ya ce ai ƙabilu ne suka yi mana yawa, jiha ɗaya da ƙabilu fiye da hamsin, ga addini biyu kowanne da ƙarfinsa, ta ina zaman lafiya zai ɓullo? Wani ya ɗora laifin kan Gwamna Lugga da haɗakar 1914. Wani kuma ya ce a raba jihar kawai kowa ya kama gabansa. Ni ban yarda da wannan magana ba, kuma tana damuna matuƙa, domin tana sauke nauyi daga wuyan kowa. In dai yawan ƙabilu ne cutar, to babu mai laifi, babu kuma magani, sai a naɗe hannu a jira rikici na gaba.

Akwai ƙasar da nake son duk mai wannan ra'ayi ya tsaya ya duba da kyau, wato Tanzaniya. Faɗinta ya ɗan ɗara na Nijeriya, kuma ƙidayar 2022 ta samu mutum miliyan 61 da ɗoriya a cikinta. Ƙabilunta sun haura 120, kuma bambancin da ke tsakanin wasunsu ya fi wanda ke tsakanin Bahaushe da Bagwari nesa ba kusa ba. Mafi yawansu masu harsunan Bantu ne, irin su Sukuma da Nyamwezi da Chagga da Haya. Akwai Masai makiyaya, waɗanda harshensu ɗan'uwan harsunan Kudancin Sudan ne. Akwai Iraqw, masu harshe dangin na Somaliya da Habasha. Akwai Hadza a gefen tafkin Eyasi, waɗanda har yau wasunsu farauta da ɗiban zuma ne abincinsu, kuma harshensu bai yi kama da na kowa ba. Ƙasar kanta haka take a rarrabe. A arewa ga dutsen Kilimanjaro mai tsawon mita 5,895, inda Chagga ke noman kofi da ayaba a gindinsa. A tsakiya, wajen Dodoma, busasshiyar ƙasa ce ta gero da dawa da shanu, wadda mutumin Katsina ba zai ji baƙunta a cikinta ba. A yamma ga tafkin Tanganyika, na biyu a zurfi a duk duniya. A gabas ga Tekun Indiya da tsibiran Zanzibar, wato Unguja da Pemba masu kanumfari, inda kusan kowa Musulmi ne. A babban yankin ƙasar kuwa Musulmi da Kirista kowanne miliyoyi ne, babu wanda za a kira ɗan tsiraru.

Da lissafin majalisarmu gaskiya ne, da Tanzaniya ta daɗe da kamawa da wuta. Amma tun da babban yankin, wanda a da ake kira Tanganyika, ya samu 'yanci a 1961 bai yi yaƙin basasa ba, soja bai taɓa karɓe mulki ba, kuma babu wani babban birni da aka raba gida biyu bisa addini. Sai a leƙa maƙwabta. Ruwanda harshe ɗaya gare ta, Hutu da Tutsi duk da shi suke magana, mafi yawansu coci ɗaya suke zuwa, amma a 1994 an kashe mutum wajen 800,000 cikin kwana ɗari. Somaliya kusan harshe ɗaya ce, addini ɗaya, har mazhaba ɗaya, amma tun 1991 ba ta koma daidai ba. Kenya da ke jikin Tanzaniya ta arewa, ita ma tana da Swahili a bakin kowa, amma bayan zaɓen 2007 an kashe fiye da mutum dubu bisa ƙabilanci.

Kada kuma a ce tarihinsu ne mai daɗi. Bakin tekunsu ya daɗe cikin Musulunci da fatauci. Ibn Baɗɗuɗa ya sauka a Kilwa a 1331 ya tarar da birni mai sarki da masallatai, mai arziki da zinaren da ake kawowa daga kudu. Wajen 1840 Sarkin Oman, Sayyid Sa'id, ya mayar da fadarsa Zanzibar, kuma daga nan ayari suka riƙa kutsawa cikin ƙasa ta Bagamoyo zuwa Tabora har Ujiji a bakin tafki, suna fito da hauren giwa da bayi. Ba a rufe kasuwar bayi ta Zanzibar ba sai 1873. Ma'ana, su ma suna da mutanen da kakanninsu suka kama bayi, da mutanen da aka kama kakanninsu, kuma bambancin ya bi layin addini da na yanki, kamar dai abin da ke tsakanin Zazzau da Jama'a da mutanen kan duwatsun kudu a ƙarni na 19. Bayan haka Jamusawa suka zo, suka riƙa naɗa wakilai masu jin Swahili daga bakin teku a kan ƙabilun cikin ƙasa. A 1905 ƙabilun kudu suka yi musu bore a yaƙin Maji Maji, Jamusawa suka ƙone gonaki da rumbuna, yunwa ta gama da waɗanda harsashi ya bari, ƙiyasi mafi ƙanƙanta ma ya kai mutum 75,000.

Abin da ya fi jan hankalina shi ne abin da ya biyo baya. Da Ingila ta karɓi ƙasar bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya, a 1925 ta tura musu gwamna Donald Cameron, mutumin da ya shafe shekaru yana aiki a Nijeriya. Shi ya kai musu tsarin En'e, wato mulki ta hannun sarakuna, inda babu sarki ma aka ƙirƙiro. A 1931 ya dawo nan ya zama gwamnan Nijeriya. Hannu ɗaya ne ya shuka iri ɗaya a gonaki biyu. Saboda haka bambancin da muke gani yau daga abin da kowa ya yi ne bayan Bature ya tafi.

Julius Nyerere, shugaban ƙasar na farko, ɗan sarki ne na wata ƙaramar ƙabila, Zanaki, daga Butiama kusa da tafkin Victoria, Katolika ne, malamin makaranta ne, kuma da sunan Malam, wato Mwalimu, mutanensa ke kiransa har ya rasu a 1999. Jam'iyyarsa ta TANU da aka kafa a 1954 ta samu gindin zama ne da goyon bayan dattawan Musulmi na Darussalam. A 1963 gwamnatinsa ta ƙwace ikon mulki daga hannun sarakuna. Aka mayar da Swahili harshen ƙasa, harshen majalisa, kuma daga 1967 harshen koyarwa a firamare. A 1969 gwamnati ta karɓe makarantun mishan domin ɗan kowa ya shiga. Sannan aka yi abin da ni a ganina ya fi duk waɗannan tasiri: yaron da ya ci jarrabawar shiga sakandare, sau da yawa sai a tura shi makarantar kwana a wani lardi mai nisa da garinsu. Ɗan Chagga ya je ya kwana ɗaki ɗaya da ɗan Makonde daga iyakar Mozambik, su ci tuwo kwano ɗaya shekara huɗu. In ya gama ya shiga bautar ƙasa, wadda aka wajabta a 1966, kuma da ɗaliban jami'a suka yi zanga-zangar ƙin ta Nyerere ya kori ɗaruruwansu ya mayar da su gida. In ya kama aikin gwamnati, malami ne ko ɗan sanda ko ma'aikacin asibiti, ba a garinsu za a ajiye shi ba. Can zai yi aure, can zai haifi 'ya'ya, 'ya'yan su tashi da Swahili a baki. Tun bayan ƙidayar 1967 gwamnati ba ta sake tambayar kowa ƙabilarsa ko addininsa a ƙidaya ba.

Suna kuma da wata al'ada da mu ma muke da ita, wasan barkwanci tsakanin ƙabilu. Ngoni da Hehe da suka yi yaƙi da juna a ƙarni na 19 yau abokan wasa ne, haka Chagga da Pare. Irin abin da ke tsakanin Fulani da Barebari, ko Kanawa da Zage-zagi, ko Gobirawa da Yarbawa. Ina yawan tunanin yadda aka yi muna da wannan wasa da mutanen da ke nesa da mu, amma tsakanin Bahaushen Kaduna da maƙwabcinsa Bajju ko Atyap babu, ko kuwa in akwai ya mutu ba a gada ba.

Ba na cikin masu ɗaukar Nyerere waliyyi. A watan Afrilun 1968 ƙasarsa ce ta fara amincewa da Biyafara, ana tsakiyar yaƙi, kuma dattawanmu da suka rasa 'yan'uwa a wancan yaƙi ba su manta ba. Ya yi mulkin jam'iyya ɗaya, ya yi dokar tsare mutum ba shari'a, a tsakiyar shekarun 1970 an kwashe miliyoyin manoma da ƙarfi an tara su a ƙauyukan gwamnati, noma ya faɗi, kuma ya bar mulki a 1985 ƙasar na cikin matalautan duniya. Juyin juya halin Zanzibar na Janairun 1964, wata uku kafin haɗewarta da Tanganyika, ya ci dubban Larabawa da Indiyawa. An harbe Musulmi a unguwar Mwembechai ta Darussalam a 1998, an harbe masu zanga-zanga a Zanzibar da Pemba a Janairun 2001. Manoma da makiyaya sun sha zubar da jini a Kilosa, kuma an tashi Masai daga Loliondo a 2022. A zaɓen Oktoban 2025 an tsare jagoran adawa, an hana jam'iyyarsa shiga, jami'an tsaro suka buɗe wa matasa wuta. Duk wannan zalunci ne kuma babu mai wanke shi. Amma ko a cikin wannan, abu ɗaya bai faru ba: maƙwabci bai tare hanya yana tambayar maƙwabcinsa sunansa kafin ya yanke shawarar zai rayu ko zai mutu ba. Mu kuwa an yi mana haka a kan titunan garin nan a watan Fabrairu da Mayun 2000, an sake a Nuwamban 2002, an sake a Afrilun 2011. Mulki a can ya riƙa zagayawa daga Nyerere Kirista zuwa Ali Hassan Mwinyi Musulmi, zuwa Mkapa Kirista, zuwa Kikwete Musulmi, zuwa Magufuli Kirista, zuwa Samia Suluhu Hassan Musulma, ba tare da an rubuta hakan a wata doka ba.

Masu ja da ni suna da hujja guda mai ƙarfi, kuma ina girmama ta. A Tanzaniya babu ƙabilar da ta rinjayi saura, Sukuma da suka fi kowa yawa ba su kai kashi ɗaya cikin biyar ba. A Kaduna kuwa akwai babba akwai ƙanana, kuma tsoron ƙarami ga babba tsoro ne na gaske. Na yarda aikinmu ya fi nasu wuya ta wannan fuska. Sai dai wahalar aiki ba ta zama dalilin barinsa, musamman da yake mun taɓa yin sa a garin nan, kuma ya yi.

Kaduna ba garin gado ba ne. Turawa ne suka kafa shi a bakin kogi, a ƙasar Gbagyi, saboda layin dogo da ruwa, suka dawo da hedikwatar Arewa daga Zungeru a 1917. Duk wanda ya zo, soja ne ko leburan jirgin ƙasa ko akawu ko ɗan kasuwa, daga wani wuri ya zo. Da aka buɗe masaƙar Kaduna a Kakuri a 1957, sauran masaƙu suka biyo baya, sai Peugeot a 1975, sai matatar mai a 1980, dubban mutane suka riƙa shiga ƙofa ɗaya da asuba suna fita ƙofa ɗaya da yamma. Bahaushe da Bajju da Tibi da Igala da Banufe ƙungiyar ƙwadago ɗaya suke, albashi ɗaya suke kuka a kai, gidan haya ɗaya suke a Kakuri da Makera da Nasarawa, matansu na aron turmi a wurin juna. Makarantu ma haka. A farkon shekarun 1970 gwamnati ta karɓe makarantun mishan da na ƙungiyoyin addini, kamar yadda aka yi a Tanzaniya, St. John's ta koma Kwalejin Rimi, Queen of Apostles ta koma Queen Amina, St. Paul's ta Zariya ta koma Kufena, Sheikh Sabah ta koma Sardauna Memorial. Kafin nan ma Barewa ta yaye Yakubu Gowon ɗan mai wa'azin bishara daga Wusasa, ta kuma yaye Murtala Muhammad ɗan Kano. A 1973 aka kafa bautar ƙasa, aka buɗe Kwalejin Gwamnatin Tarayya ta Malali. Duk kayan aikin da Nyerere ya yi amfani da su mun taɓa riƙe su a hannunmu.

Sai muka sake su ɗaya bayan ɗaya. Masaƙu suka durƙushe, babbarsu ta rufe a 2007. Makarantun gwamnati suka lalace, duk mai ɗan hali ya cire ɗansa ya kai makarantar kuɗi, kuma makarantun kuɗin mafi yawansu ko na masallaci ne ko na coci. Bayan rikicin 2000 mutane suka yi ta musayar gidaje a kan farashin asara, Musulmi suka haura arewacin kogi, su Tudun Wada da Rigasa da Kawo da Unguwar Shanu, Kiristoci suka gangara kudancinsa, su Sabon Tasha da Narayi da Television da Unguwar Romi da Gonin Gora. Ban ga laifin kowa a cikinsu ba, wanda aka ƙone masa gida sau ɗaya ba ya jiran na biyu. Amma a duba sakamakon. Yaron da aka haifa a Rigasa a shekarar 2001 yau magidanci ne, kuma yana iya yiwuwa bai taɓa zama aji ɗaya da Kirista ba, bai taɓa cin abincin Kirsimeti a gidan maƙwabci ba, bai taɓa zuwa jana'izar wani daga ƙetaren gada ba. Takwaransa na Unguwar Romi bai taɓa karɓar naman layya ba. Abin da kowannensu ya sani game da ɗayan daga bakin mai wa'azi ne ko daga WhatsApp. Iyayensu da suka yi rikicin 2000 aƙalla sun san juna, shi ya sa aka samu labarai da yawa na waɗanda suka ɓoye maƙwabtansu a ɗaka. Ina jin tsoron ranar da za a gwada waɗanda ba su da maƙwabcin da za su ɓoye.

Sannan ga takardar asali. Mu ma ƙidayar 1991 da ta 2006 ba su tambayi ƙabila ko addini ba, amma me hakan ya amfana, tunda duk wata ƙofa ta neman gurbin karatu, ko tallafin karatu, ko aikin gwamnati, ko shiga soja, sai an tambaye ka takardar ƙaramar hukumar kakanka? An shigo da tsarin raba daidai cikin kundin mulkin 1979 da kyakkyawar niyya, don kada wani yanki ya handame komai, kuma mu 'yan Arewa mun amfana da shi. Amma a ƙasa ya haifar da wani abu daban. Mutumin da aka haifi ubansa a Kafanchan tun zamanin da layin dogo ya iso a ƙarshen shekarun 1920 ana kiransa baƙo. Bajjun da ya yi shekara arba'in yana koyarwa a Zariya shi ma baƙo ne. Rikicin Zangon Kataf na 1992 an ce kan mayar da kasuwa ne, amma kowa ya san tambayar da ke ƙasa ita ce ta wane ne mai gari. Gwamnatin Nasir El-Rufai ta sanar da soke bambancin ɗan asali da baƙo a jihar, ta fito da katin zama, kuma duk saɓanin da mutum yake da shi da waccan gwamnati, wannan mataki daidai ne. Sai dai hukumomin tarayya har gobe takardar asalin suke nema, ƙananan hukumomi kuma suna ci gaba da bayarwa ga wanda suka ga dama.

A nan dole in yi magana da 'yan'uwana Hausawa kai tsaye. Muna yawan cewa ai Hausa ta haɗa mu, kuma gaskiya ne Bajju da Atyap da Ham da Adara da Agworok da Hausa suke ciniki, da ita suke waƙa a coci, Littafi Mai Tsarki ma tun 1932 yake cikin Hausa. Amma jin harshe ɗaya bai hana rikicin Kafanchan na 1987 ba. Swahili ma ta shiga cikin ƙasa ne a bakin masu ayarin bayi da wakilan Jamusawa, ta zama ta kowa ne saboda mutanen bakin teku ba su samu wani fifiko don ita ba, kuma ba a ce wa ɗan Sukuma sai ya daina zama ɗan Sukuma kafin a ɗauke shi cikakken mutum. Mu kuwa har yau akwai masu kiran mutanen kudu da sunayen da suka ce ba sa so, akwai masu kiransu da kalmar raini da duk mun san ta, har a gaban yara. Kuma ba ma son a tuna cewa an kai musu hare-haren bayi, kuma Turawa sun ɗora wa da yawansu hakimai daga Zariya suna karɓar haraji, har sai a 1995 ne Atyap da Bajju suka samu masarautunsu, wasu kuma sai zamanin Ahmed Makarfi. Wannan tarihi ne, ya faru, kuma faɗinsa ba ya rage wa Zazzau daraja ko ɗaya. Haka su ma mutanen kudu akwai abin da ba sa son a tuna: Hausawan da aka kashe a Zangon Kataf a 1992, da waɗanda aka kashe a Zonkwa da Matsirga a 2011, da Fulanin da aka haifa a can ba su san wani gida ba. Kowane ɓangare ya haddace matattunsa, ya manta na ɗayan. An cire darasin tarihi daga makarantun firamare da ƙananan sakandare fiye da shekara goma, sai a 2022 aka ƙaddamar da dawo da shi, kuma a tsawon wannan lokaci yara ba su zauna babu tarihi ba, sun koye shi a gida da wurin ibada, kowa rabi.

Jihar da take da Nok a ƙaramar hukumar Jaba, inda aka tono sassaƙen yumɓun da ya haura shekara dubu biyu, take da ganuwar Zazzau da Turunku da dutsen Kufena, take da duwatsun Kagoro da bikin Afan na ranar ɗaya ga Janairu, take da Gidan Arewa da takardun Sardauna a cikinsa, bai kamata ɗalibanta su gama sakandare ba su taɓa ganin ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. Yaron Soba ya san Nok tasa ce, yarinyar Kwoi ta san Sarauniya Amina tata ce.

Ba na kira a rushe sarauta kamar yadda Nyerere ya yi, a nan hakan wuta zai kunna, kuma masarautun da ƙananan ƙabilu suka yi shekaru suna nema su ne garkuwarsu. Ba na kira a danne harsunan kowa, don a Tanzaniya ma ƙananan harsuna suna mutuwa a ƙarƙashin Swahili, kamar yadda wasu ke mutuwa a nan a ƙarƙashin Hausa, kuma asara ce. Ƙasar gado da sarautar gargajiya su zauna a hannun masu su, wannan shi zai kwantar da hankalin mai tsoron a haɗiye shi. Amma makaranta da asibiti da aikin gwamnati da tallafin karatu na wanda yake zaune ne yana biyan haraji, kuma in za a raba daidai a raba bisa ƙaramar hukumar da mutum yake zaune. Malaman makaranta da ma'aikatan lafiya da aka ɗauka sabbi a tura su shiyyar da ba tasu ba na wasu shekaru, a ba su gida da alawus mai kyau, domin in ba haka ba kowa zai nemi ɗan majalisarsa ya dawo da shi.

Na san abin da iyaye za su ce game da makarantar kwana, kuma suna da gaskiya. Bayan sace ɗalibai a Afaka da Greenfield da Bethel Baptist a 2021, da Kuriga a 2024, babu uban da za a ce ya tura ɗansa wata makaranta a bakin daji ya amsa da sauri. Don haka a fara daga cikin gari, inda tazarar ba ta wuce kuɗin Keke ba. Queen Amina tana Kakuri, Rimi da Sardauna Memorial suna arewacin kogi, ga wasu a Barnawa da Unguwar Sarki da Kawo. A zaɓi kaɗan daga cikinsu a gyara su gyara na gaske, da malamai da ɗakin gwaje-gwaje da katanga, har su kai matsayin da mai kuɗi ma zai yi sha'awarsu, sannan a raba gurabensu tsakanin unguwannin arewa da na kudu, a sa motocin da za su ɗauki yara kyauta su ƙetare gada safe da yamma. Kowane yaro ya samu wurin ibadarsa da malamin addininsa a ciki. Jami'ar jiha da take da harabar Kaduna da ta Kafanchan ta tabbatar kowane ɗalibi ya yi wani ɓangare na karatunsa ko aikin sanin makama a shiyyar da ba tasa ba.

Taron zaman lafiya muna da shi da yawa. An sa hannu kan yarjejeniya a watan Agustan 2002, kuma Imam Muhammad Ashafa da Fasto James Wuye sun shafe shekaru suna aikin da ya cancanci yabo. Amma taro na manya ne da suka riga suka san juna, a yi jawabi a ci abinci a watse. Abin da nake so ma'aikatar ilimi ta jiha ta riƙa bugawa duk shekara shi ne adadin makarantun gwamnati na cikin garin Kaduna da yaran ƙetaren kogi biyu ke zama aji ɗaya a cikinsu, da yawan yaran, unguwa-unguwa. Duk ɗan takarar da ya zo neman ƙuri'a a Rigasa ko Sabon Tasha a tambaye shi nawa ya tarar, kuma nawa zai mayar da su kafin wa'adinsa ya ƙare.